Allurar korona da masu ciwon da garkuwar jiki ke jawowa

Yayata tana da ciwon lupus, kuma kafin likitoci a asibitin Komfo Anokye da ke Kumasi su gano sunansa, mun daɗe a Aboabo muna jin cewa sanyi ne, wasu ma suka ce jifa ne. Akwai safiyar da yatsunta kan kumbura su sandare, har sai 'yarta ta riƙe mata buta kafin ta yi alwala. A irin wannan ciwo, da ɗan'uwansa amosanin gaɓɓai, garkuwar jiki ce take juyowa ta far wa mai ita, ta taɓa gaɓɓai da fata, wani lokaci har da ƙoda. Shi ya sa yawancin magungunan da ake ba su, kamar firednisolon da metotireksat, aikinsu shi ne danne garkuwar.

Lokacin da allura dubu 600 ta AstraZeneca ta sauka a Accra ranar 24 ga Fabrairu, 2021, Gana ta zama ƙasar farko da ta karɓi riga-kafin ta hanyar COVAX, shirin raba allurar korona ga ƙasashen duniya. Shugaba Akufo-Addo ya miƙa hannunsa a gaban jama'a ranar 1 ga Maris, amma hakan bai amsa tambayar da ke zuciyar yayata ba. Ta ce mini, "Ƙanena, idan allurar nan zuga garkuwar jiki take yi, ni kuwa garkuwata ce ke cina, ba ƙara wa wuta fetur zan yi ba?" Ban ga laifinta ba, domin tambaya ce ta mai hankali, kuma har yau ina jin ciwon yadda mutane suka riƙa ba ta amsa da jita-jitar WhatsApp.

Ra'ayina shi ne, masu irin wannan ciwo sun fi yawancinmu buƙatar allurar. Wanda magani ya danne masa garkuwa, musamman mai shan firednisolon da yawa ko wanda ake yi wa ƙarin ruwan rituksimab, idan korona ta kama shi ta fi saurin kai shi gadon asibiti. Gaskiya ne ciwon yakan ɗan motsa wa wasu bayan allura, to amma ba kasafai ba, kuma galibi yakan lafa cikin 'yan kwanaki, alhali ita kanta korona tana iya tayar da shi.

Akwai wani ruɗani da na sha ji a zango, kuma yana da tushe. An saba gargaɗin masu shan waɗannan magunguna game da allurar shawara, wadda mu a Gana muka sani sarai saboda katin tafiya, domin ita tana ɗauke da ƙwayar cuta mai rai da aka raunana. Allurar AstraZeneca da Pfizer da Moderna da Johnson & Johnson ba haka suke ba, babu ƙwayar korona mai rai a cikinsu, saboda haka ba za su sa wa mutum cutar ba. Damuwar likitoci ta gaskiya ma akasin haka ce, wato maganin da ake sha ya hana allurar yin cikakken aiki. Wannan ne ya sa a watan Oktoban 2021 masu ba Hukumar Lafiya ta Duniya shawara suka ce a ƙara wa masu raunin garkuwa allura ɗaya a kan ta sauran mutane, kuma shi ne dalilin da likita kan dakatar da metotireksat na mako ɗaya ko biyu bayan allura idan ciwon yana kwance.

Abin da ya fi tayar mini da hankali shi ne masu ajiye magani da kansu. Wata maƙwabciyarmu ta daina shan firednisolon rana ɗaya saboda ta ji an ce bai dace da allura ba, kuma kafin mako ya zagayo ba ta iya sauka daga gado. Wannan magani ba a yanke shi farat ɗaya, domin jikin da ya saba da shi yakan rage samar da nasa sinadarin, sai a hankali yake farfaɗowa. Sauya lokacin magani aikin likitan da ya san ciwonka ne.

An ɗage dokar ta-ɓaci ta duniya kan korona ranar 5 ga Mayu, 2023, amma cutar tana nan tana yawo, kuma masu raunin garkuwa suna cikin waɗanda Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a ci gaba da ƙara musu allura. Yayata ta yi nata, damtsenta ya yi tsami kwana biyu, ta ɗan yi zazzaɓi, sannan ta koma rumfarta. Ina roƙon duk mai ɗan'uwa irinta ya raka shi ranar ganin likita ta gaba, da katin riga-kafinsa da kwalayen magungunansa duka a jaka, ya tambayi lokacin da ya dace a yi masa ƙari.