Ba duk abin da hannu ya iya ake kaɗawa ba

Ƙannena masu kwana a sutudiyo, da ku masu ɗora sabon bidiyo kullum garin Allah ya waye, ku ba ni aron kunnuwanku mu yi maganar wani makaɗin fiyano ɗan Amurka, Ahmad Jamal. Yana da wani hali da ya yi ƙaranci a cikinmu, wato sanin inda ake dakatawa.

An haife shi a Pittsburgh ranar 2 ga Yuli 1930, sunansa na yanka Frederick Russell Jones. Yana ɗan shekara 3 ya fara taɓa fiyano, yana da 7 aka damƙa shi ga malama Mary Cardwell Dawson, yana da 14 har ya fara cin abinci da kiɗa. A 1950 ya karɓi Musulunci ya sauya suna. Na jero shekarun nan ne don kada wani ya ce kasawa ce ta sa yake rage hannu. Yatsunsa suna da gudu, ya kuma san kiɗan Turai na gargajiya ciki da bai.

A zamaninsa makaɗan jaz, wato salon kiɗan Amurka da shi ma yake yi, tsere suke yi, kowa na son a ce shi ne ya fi sauri. Shi kuwa sai ya taɓa ɗan kaɗan ya ɗauke hannu, ya bar mai ganga da mai bas (babban abin kiɗa na tsirkiya mai kaurin sauti) su ja ragama, can sai ya faɗo da ƙarfi inda ba ka zata ba. Wasu masu sharhi suka raina shi, suka ce ai wannan kiɗan otal ne, na raka masu hira. Amma Miles Davis, mai busa ƙaho wanda duniyar jaz ke sara wa, Jamal ne ya zame masa abin koyi. Ya riƙa ɗaukar kiɗe-kiɗen da Jamal ke yi yana saka su a nasa fayafayan, har yakan ce wa makaɗin fiyanonsa, Red Garland, ya kaɗa irin na Jamal.

To ga inda nake so ku tsaya ku yi tunani. A watan Janairu 1958 aka naɗi wasan Jamal kai tsaye a otal ɗin Pershing da ke Chicago, tare da Israel Crosby a bas da Vernel Fournier a ganga. Kiɗa 43 aka ɗauka. Guda 8 kacal ya zaɓa ya fitar. Faifan nan, mai ɗauke da kiɗan "Poinciana", ya haura mako 100 a jerin waɗanda suka fi kasuwa. Ku faɗa mini tsakani da Allah, a cikinku wa zai naɗi waƙa 43 ya iya danne 35? Mu in mun yi goma, sha ɗaya muke saki. A cikin waƙa guda kuma ga ganga kala uku, ga muryar da na'ura ta murɗe, ga kirarin masu gida rututu, kamar mai girkin da ta juye duk kayan ƙamshin ɗakinta a tukunya ɗaya. Mai saurare ba ya samun wurin numfashi, shi ya sa bayan mako biyu ya manta da ku.

Ba wai komai Jamal ya taɓa sai ya yi albarka ba. Da kuɗi suka shigo ya buɗe gidan wasansa, Alhambra, a Chicago, inda ba a sayar da giya, bai daɗe ba ya rufe. A 1962 ya sallami ƙungiyarsa, ya koma New York, ya janye daga idon jama'a na wani lokaci. Ku da kuke ganin in kun yi kwana uku ba ku ɗora komai ba an binne ku, mutumin nan ya dawo ya ci gaba da sana'a har tsufa. Ya fitar da faifan "Ballades" a 2019 yana da shekara 89, ya rasu ranar 16 ga Afrilu 2023 yana da 92.

Masu haɗa sauti kuma, wataƙila kun sha jin hannunsa ba ku sani ba. Fiyanon da ke cikin "The World Is Yours" ta mawaƙin rap ɗan Amurka Nas, ta 1994, mai haɗa sauti Pete Rock ya yanko shi ne daga "I Love Music", wani kiɗan Jamal na 1970.