Haƙƙin mutanen Babbar Ruga a kanmu

Assalamu alaikum 'yan'uwa. Duk wanda ya tashi a Katsina ya san Babbar Ruga, inda 'yan mishan Kirista na ƙungiyar SIM suka gudanar da wurin jinyar masu kuturta a zamanin Turawan mulkin mallaka, kamar yadda aka yi a Yadakunya ta Kano da Amanawa ta Sakkwato. A wancan lokaci babu maganin da ke warkar da cutar, don haka keɓe mai ita ne babbar dabarar da aka sani. Haka ma a tsibirin Molokai na Hawai, masu cutar wajen 8,000 aka kai aka keɓe tsakanin 1866 da 1969, kuma da yawansu ba su sake ganin danginsu ba.

Mutanen wancan zamani suna da uzuri, amma mu namu ya ƙare. Tun 1873 likitan Norwe, Hansen, ya gano cewa ƙwayar cuta ce ke kawo ta, ba gado ba ce, ba kuma haɗa kifi da nono ba ne. Tun 1995 ake raba maganinta kyauta, ana sha wata 6 ko 12 a warke, kuma wanda ya fara sha ya daina yaɗa ta. Dungulmin da muke ƙyama tabo ne na jijiyoyin da suka mutu saboda jinkirin magani, ba a ɗaukarsa. Duk da haka har yau ana hana ɗiyar wanda ya warke miji, ana ware masa kwano, har a sahun sallah ana matsawa daga gefensa.

Wasu sukan kafa hujja da hadisin Bukhari da ya ce a guje wa kuturu kamar yadda ake guje wa zaki. Hadisin ingantacce ne, sai dai kariya daga cuta yake koyarwa, bai halatta wulaƙanta bawan Allah ba, kuma aya ta 11 a Suratul Hujurat ta hana izgili da jifa da munanan laƙabai. Sahabi Mu'aiƙib ɗan Abu Faɗima ya kamu da wannan cuta, amma Sayyidina Umar, Allah Ya ƙara masa yarda, ya damƙa masa amanar baitulmali.

Ƙyamar nan tamu ce ke sa wanda ya ga tabo mai haske a fatarsa, wanda ba ya jin taɓawa, ya rufe shi da riga shekara da shekaru don tsoron bakin mutane, sai yatsu sun fara lalacewa sannan a kai shi asibiti.