Ba ruwan kwamfutarka da tsohuwar manhajar difrag ta cikin filashi

Har yanzu akwai masu gyara da ke yawo da filashi ɗauke da Diskeeper ko PerfectDisk, manhajojin difrag na zamanin Windows XP, irin wanda wani ya fasa ya kira shi Portable, wai ba sai an girka ba. Kwamfuta na nauyi, sai a danna mata shi. A ganina wannan ganganci ne, kuma aikin ma babu buƙatarsa.

A faifan HDD mai juyawa, fayil ɗaya kan warwatse gutsure-gutsure, allurar karatu ta yi ta kai da komo tana tattaro su. Difrag jera gutsuren yake yi wuri guda. A XP da hannu ake yinsa, kuma sai faifan na da fili kashi 15 cikin ɗari kafin aikin ya kammala. Tun daga Vista Windows ke yi da kansa bisa jadawali. Daga Windows 8 na 2012 kuwa, idan ya ga SSD ne, wato faifan da ba ya juyawa kuma ba shi da allura, sai ya aika masa umarnin TRIM, mai sanar da faifan wuraren da aka goge bayanansu. Manhajar da aka rubuta kafin SSD ya yaɗu ba ta san wannan bambanci ba, za ta yi ta kwashe bayanai tana sake rubutawa, tana cinye rayuwar faifan ba tare da ƙarin gudu ba.

Babban haɗarin yana wajen izini. Difrag ba ya aiki sai da ikon Administrator. Da ka danna Yes, ka miƙa wa wanda ya sake naɗe manhajar mabuɗin gidanka, kuma ba ka san ko waye ba. Fasa fayil yana lalata sa hannun kamfanin da ke jikinsa, don haka ba yadda za ka tabbatar ba a cusa mai satar kalmar sirri ba. Abin da ya fi ba ni takaici, umarnin farko na masu fasa manhajar kan ce ka kashe antibairos. Ga kuma difrag na lokacin tashin kwamfuta, mai taɓa MFT, wato kundin da NTFS, tsarin ajiye fayiloli na Windows, ke rubuta mazaunin kowane fayil. Wannan yana buƙatar a girka wasu sassa cikin tsarin, waɗanda sigar filashi kan zo babu su ko da rabinsu. A ɗauke wuta a tsakiyar aiki, batirin kuma ya mutu, kana iya wayar gari Windows ya ƙi tashi.

Danna maɓallin Windows da R, ka rubuta dfrgui. Zai nuna maka irin faifanka da ranar da aka gyara shi. Idan HDD ne kuma yana ƙaras-ƙaras, kwashe fayilolinka tukuna, faifan ne ke mutuwa. Idan lafiyarsa ƙalau amma nauyin na nan, sauya shi da SSD ka ƙara RAM zuwa 8GB.