An kashe kyamara, Inna ba ta runtsa ba

Shekarata shida a Manchester, amma har yau in aka fara labaran ƙarfe goma na dare a BBC, hankalina Gusau yake komawa. Kafin su nuna hotunan yaƙin basasar Sudan, wanda ya ɓarke a Afrilun 2023 tsakanin sojoji da dakarun kar-ta-kwana na RSF, sai mai karanta labarai ya yi gargaɗi cewa abin da za a gani zai iya ta da hankali. In shiri ya taɓo ciwon damuwa, sai a sa lambar da mutum zai kira. Da farko dariya na yi, na ce Bature da raki.

Ba tausayi suka fi mu ba. Sudan ɗin ma minti biyu ne an wuce, Zamfara kuwa sai an kwashi ɗalibai ake tunawa da ita. Sai dai sun yarda cewa wanda harsashi bai same shi ba ma yana iya jin ciwo.

Mu namu labaran lissafi ne. An kashe mutum kaza a Zurmi, an sace kaza a Maru, an jajanta, sai a koma kan tsadar shinkafa da fetur, musamman tun da aka cire tallafin mai ranar 29 ga Mayun 2023. Ku tuna 'yan matan makarantar Jangebe 279 da aka sace, aka sako a Maris ɗin 2021. Duk mun gan su zaune da hijabai a gidan gwamnati. To wa ya koma bayan shekara ya tambaye su yadda suke kwana?

Kalmar ce ke ba mu tsoro. Da an ce taɓin hankali sai a hango asibitin ƙwaƙwalwa na Kware da mari a ƙafa, don haka sai mu ce hawan jini ne, ko iska, ko a yi haƙuri. Buhari ya sa hannu a dokar lafiyar ƙwaƙwalwa a Janairun 2023, ta maye gurbin ta 1958, amma doka ba ta shiga zaure in talabijin da rediyo ba su kai ta ba.

Ran Juma'a na kira Inna, na ce yaya jiki. Ta ce lafiya lau, ta yi shiru, sannan ta ce, "Ɗana, in na ji kukan mashin cikin dare sai gabana ya hwaɗi. Zaune nike kwana har a kira assalatu."