Ana kiranta makabartar dauloli, amma su waye kwance a kaburburan?

Ba na manta daren Lahadi 15 ga Agustan 2021. Muna zaune a majalisarmu ta wurin mai shayi bayan isha'i, waya ɗaya ce ke yawo daga hannu zuwa hannu, kowa na son ya ga bidiyon 'yan Taliban sun kewaye teburin Ashraf Ghani a fadar shugaban ƙasa ta Kabul, babban birnin Afganistan, ga rawuna ga bindigogi a kafaɗa, shi kuwa mai fadar tuni ya tsere. Samari sai kabbara suke. Wani ya ce an kori Ingila, an kori Rasha, yau ga Amurka ta bi sahu, wannan ƙasa makabartar dauloli ce. Ni ma ba zan ɓoye ba, na ji wani sanyi a raina, don duk wanda ya girma yana jin labarin jiragen yaƙi suna sakin bam a kan 'yan ɗaurin aure dole ya ji haka. Amma akwai wani dattijo da muke kira Kawu, tsohon direban babbar mota ne wanda 'yar rediyonsa ba ta rabuwa da kunnensa, ya ajiye kofi ya ce, "Yarana, haka muka yi murna ranar da Rasha ta fita, har sadaka aka yi a unguwarmu. Ku tambaye ni abun da ya biyo baya." Ba wanda ya tambaye shi. Washegari kuma sai ga ɗaya bidiyon, mutane suna bin jirgin sojan Amurka a guje a filin jirgin Kabul, wasu sun maƙale a jikinsa, ya tashi suka faɗo.

Maganar Kawu ce ta sa na zauna rubuta wannan, don gaskiya wannan kirari na makabartar dauloli yana damuna. Tarayyar Sobiyet, wato Rasha da ƙasashen da ke haɗe da ita a lokacin, ta rasa sojoji kusan 15,000 a shekara tara da 'yan watanni. Amurka ta rasa kusan 2,400 a shekara ashirin. Su kuwa 'yan Afganistan, a yaƙin Sobiyet kaɗai ƙiyasin da aka fi yawan kawowa ya kai mutum miliyan ɗaya, ban da sama da miliyan biyar da suka yi gudun hijira zuwa Pakistan da Iran. To wa aka binne kenan? Rasha na nan, Amurka na nan da dalarta, wanda ke kwance a ƙasa shi ne manomin Helmand da matar ƙabilar Hazara da yaron da ya tsinci nakiya mai kama da malam-buɗe-littafi ya ɗauka abun wasa ne.

Kuma abun da nake so mu yarda da shi ko da ba daɗi shi ne, sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Ba baƙon da ya shiga Afganistan a shekaru hamsin ɗin nan ba tare da wani ɗan ƙasa ya buɗe masa ƙofa don ya ga bayan ɗan'uwansa ba. A 1973 Dawud Khan ya kifar da ɗan'uwansa Sarki Zahir Shah lokacin da sarkin ya je Italiya neman magani, bayan shekara arba'in yana kan karaga. Dawud yana da rikici da Pakistan a kan layin iyaka na Durand da Turawan Ingila suka shata a 1893 wanda ya raba ƙabilar Pashtun gida biyu, sai Pakistan ta rama ta hanyar karɓar 'yan adawarsa masu kishin Musulunci, irinsu Burhanuddin Rabbani da Gulbuddin Hekmatyar da Ahmad Shah Mas'ud, tun kafin sojan Rasha ko ɗaya ya taka ƙasar. A Afrilun 1978 'yan gurguzu suka kashe Dawud da iyalansa suka hau, su ma kansu a rabe yake, ga ɓangaren Khalq ga Parcham, suka shiga kama malamai da masu gari da 'yan boko ana kaiwa kurkukun Pul-e-Charkhi ba a ƙara jin ɗuriyarsu. Sai a 2013 masu gabatar da ƙara na ƙasar Holan suka fitar da jerin sunayen kusan mutum 5,000 da aka kashe a wancan lokacin, a nan ne wasu iyalai suka tabbatar cewa uban da suke jira shekara talatin da biyar ba zai dawo ba. Da Herat ta yi bore a Maris 1979, shugaba Nur Muhammad Taraki da kansa ya roƙi Mosko ta turo soja, da farko ma Mosko ta ƙi. Daga baya mataimakinsa Hafizullah Amin ya sa aka kashe shi, su kuma Rashawa suka shigo a Disamba suka kashe Amin a fadarsa suka ɗora Babrak Karmal.

Kar wani ya ɗauka ina wanke Sobiyet ne. Ta ƙona ƙauyuka, ta lalata hanyoyin ban-ruwa na ƙarƙashin ƙasa da manoma suka gada kaka da kakanni, ta shuka nakiyoyin da har yau suke cire wa yara ƙafa. Wanda ya ɗauki bindiga ya kare garinsu daga wannan yana da hujja, ba na jayayya. Matsalar ita ce yanda aka raba bindigar. Kuɗin CIA, hukumar leƙen asirin Amurka, da na Saudiyya duk ta hannun hukumar leƙen asirin Pakistan, ISI, suke bi a zamanin shugaban Pakistan Janar Ziya'ul Haq, ita ke zaɓar wanda zai samu, ta tsayar da ƙungiyoyi bakwai a Peshawar, kowacce da shugabanta da rumbun makamanta, kaso mafi tsoka kuma ya tafi wurin Hekmatyar don shi ne ɗan gidanta. Iran ma tana da nata ƙungiyoyin na 'yan Shi'a. Ba wanda ya damu ya haɗa su su zama gwamnati ɗaya, abun da Amurka ke so kawai Rasha ta zubar da jini, ta ba da makamai masu kakkaɓo jirage na Stinger daga 1986, da Rasha ta kammala ficewa ranar 15 ga Fabrairun 1989 sai Amurka ta kakkaɓe rigarta ta juya baya.

Yanzu ga amsar da ba mu tsaya mun ji daga bakin Kawu ba. Gwamnatin Najibullah, wadda Rasha ta bari a kan mulki, ba ta faɗi nan take ba, ta ma ci mujahidai a yaƙin Jalalabad a 1989, ta ƙara shekara uku. Abun da ya kayar da ita shi ne da Tarayyar Sobiyet ta ruguje aka yanke mata mai da kuɗi a farkon 1992, ba albashin biyan mayaƙa, sai Janar Abdurrashid Dostum ya sauya sheƙa, shikenan. Mujahidai suka shiga Kabul a Afrilu, birnin da har lokacin yawancinsa a tsaye yake, kuma su ne suka rusa shi. Hekmatyar, mutumin da aka ba kujerar firaminista, ya ja daga a Charasiab kudu da birnin yana ruwan rokoki a kan unguwannin talakawa. Mayaƙan Sayyaf, wani jagoran mujahidai da Saudiyya ke goya wa baya, da na ƙungiyar 'yan Shi'a ta Hizbi Wahdat da Iran ke goya wa baya suka riƙa yanka juna a yammacin birnin, a Fabrairun 1993 aka afka wa unguwar Afshar ta 'yan Hazara aka yi kisa da fyaɗe da sace-sace. A watan Maris na wannan shekarar shugabannin suka sa hannu a yarjejeniya a Islamabad, har Makka suka je don ƙarfafa alkawarin, suka dawo suka ci gaba da ɓarin wuta. Dubun-dubatar mutane suka mutu a Kabul tsakanin 1992 da 1996. Duk masu harbin nan masu sallah ne, kowa na kabbara kafin ya saki roka, ba kafiri ko ɗaya a fagen. Wannan babin ne muke tsallakewa in muna ba da labarin a majalisa, kuma wallahi shi ne ya fi komai muhimmanci, don sojan baƙo ya tafi amma kuɗin baƙo da harsashin baƙo suna nan, kuma wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski.

Daga cikin wannan tokar Taliban ta fito a Kandahar a 1994. A hanyar da ta taso daga iyakar Pakistan, kowane ɗan kwamanda ya ɗaura sarƙa ya tare titi yana karɓar kuɗi a hannun direbobi, wani lokacin ya sauke mata da yara maza daga mota. Da ɗaliban Mulla Umar, jagoran Taliban, suka tsinke sarƙoƙin nan mutane sun ji daɗi, kuma ban ga laifinsu ba, duk wanda ya taɓa bin hanya da zuciyarsa a hannu ya san darajar tsaro. Amma su ma ISI ce ta rungume su bayan ta ga Hekmatyar ya kasa. Da suka shiga Kabul a Satumban 1996 suka ciro Najibullah daga harabar Majalisar Ɗinkin Duniya inda ya fake shekara huɗu suka kashe shi suka rataye gawarsa a bainar jama'a, suka rufe makarantun mata, a 1998 kuma suka yi wa 'yan Hazara kisan gilla a Mazar-i-Sharif. Ƙasashe uku ne kacal suka amince da su, Pakistan da Saudiyya da Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa.

Zuwan Amurka a Oktoban 2001 ba sai na daɗe a kai ba, mun gani da idonmu. Abun da ya fi ɓata min rai shi ne su wa ta dawo da su. Mutanen nan dai da suka rusa Kabul aka cika wa jaka da dala don su ne ke da mayaƙa a ƙasa. A taron Bonn na Jamus a Disamba aka ɗora Hamid Karzai ba tare da an gayyaci Taliban ba, a daidai lokacin da suke a karye, wasu manyansu ma suna neman miƙa wuya su koma gida, Washinton ta ƙi. Dostum da ake zargin mayaƙansa da kashe fursunoni cikin kwantenoni a Dasht-i-Leili ya zama mataimakin shugaban ƙasa a 2014. Majalisar dokoki ta yi wa masu laifin yaƙi afuwa a 2007. Bankin Kabul aka wawashe kusan dala miliyan 900. Ana biyan albashin sojojin bogi da ba su wanzu ba sai a takarda, na gaskiyan kuma suna bakin daga ba harsashi ba abinci. Jirgin Amurka ya ragargaza asibitin ƙungiyar likitocin agaji ta MSF a Kunduz a 2015 ya kashe mutum 42. Kusan kashi 75 cikin ɗari na abun da gwamnati ke kashewa daga tallafin waje yake zuwa, to gwamnatin da wani ke ciyar da ita ai ba ta buƙatar talakanta, ba za ta saurare shi ba. A ƙarshe Amurka ta zauna da Taliban ɗin nan a Doha ta sa hannu ranar 29 ga Fabrairun 2020, gwamnatin Kabul ko kujera ba a ba ta ba, bayan kwana tara kuma Ghani da abokin takararsa Abdullah Abdullah kowa ya rantsar da kansa shugaban ƙasa a rana ɗaya a birni ɗaya. Shekara ashirin da sama da dala tiriliyan biyu, aka dawo inda aka ƙi tsayawa a 2001. Daga faɗuwar Zaranj, babban birnin lardi na farko da Taliban ta kama, ranar 6 ga Agustan 2021 zuwa faɗuwar Kabul kwana tara ne. Harin ƙarshe da Amurka ta kai kafin ta fita, ranar 29 ga wata, mutum goma 'yan gida ɗaya ya kashe, bakwai yara ne.

Na san abun da wasu abokaina za su ce, ai yanzu an samu zaman lafiya, kuma akwai gaskiya a ciki. Ana tafiya daga Kabul zuwa Kandahar ba fargabar bam, noman opiyom, tsiron da ake yin ƙwayar maye da shi, ya ragu matuƙa bayan haramcin 2022, Majalisar Ɗinkin Duniya ta ce da kusan kashi 95 cikin ɗari a 2023, abun da Amurka ta kasa. Kuma riƙe wa babban bankin ƙasar dala biliyan bakwai da Amurka ta yi zalunci ne a kan mai jin yunwa, ba a kan masu mulki ba. Amma ban iya kiran wannan nasarar Musulunci ina kallon ƙasa ɗaya tilo a duniya da ta hana yarinya wuce aji shida, tun Maris 2022 aka maida su gida suna kuka a ƙofar makaranta, a Disamba aka rufe musu jami'a. Mu da muka gaji Nana Asma'u da jajis ɗinta, wato malamai mata masu bin ƙauyuka suna karantar da mata, da wane baki za mu yaba wannan? In ba a karantar da yarinya ba wa zai karɓi haihuwar matarka gobe, tunda kai ma ba ka so namiji ya duba ta?

Kuma mu ba 'yan kallo ba ne kawai. A 2003 wasu matasa suka tare a Kanamma ta jihar Yobe kusa da iyakar Nijar, aka riƙa kiransu 'yan Taliban, sansanin nasu ma Afganistan aka riƙa ce masa. Labarin rabi suka ji, na korar Rasha, ba su ji na Afshar da Charasiab ba, kuma mutanen Borno da Yobe da Diffa sun san abun da ya tsiro daga baya.

Tun ƙarshen 2023 Pakistan, wadda ta yi shekara arba'in tana wasa da wutar nan, take korar 'yan Afganistan da ke zaune a ƙasarta, Iran ma ta bi sahu. Motoci cike da katifu da tukwane da awaki suna layi a mashigar Torkham ta iyakar Pakistan da Afganistan. Da yawa daga cikin waɗanda ke kan kayan nan a sansanonin Peshawar aka haife su, iyayensu ne suka gudo wa jiragen Rasha, su ba su taɓa ganin ƙauyen da ake ce musu nasu ba, ga 'ya'yansu mata da suka fara sakandare a can za su sauka a inda ba ajin da zai karɓe su.