Kaboyin da bai harba bindiga ba

Ranar Asabar na leƙa Niles, wata tsohuwar unguwa a garin Fremont, nan Kalifoniya inda neman abinci ya kawo ni. Akwai gidan tarihin finafinai marasa sauti a wurin, suna haska tsofaffin finafinai, wani mutum na gefe yana kaɗa fiyano. Nan reshen kamfanin finafinai na Essanay ya yi zamansa daga 1912 zuwa 1916, kuma nan Gilbert Anderson, wanda aka fi sani da Broncho Billy, ya yi ta fitar da gajerun finafinan kaboyi, yawancinsu ba su wuce minti 15 ba.

Wanda na kalla labarin ɗan fashi ne da hukuma ke nema ruwa a jallo. Yana cikin gudun tsira sai ya tsinci wata 'yar yarinya ta ji ciwo. Ya ɗauke ta ya kai wa iyayenta, alhali ya san shiga gidan mutane na iya zama sanadin kama shi. Shi ke nan fa labarin.

Mu da muka tashi a Kano, kaboyin da yayyenmu ke ba mu labari bayan sun dawo daga sinimar El Dorado ko Plaza, mai saurin zare bindiga ne, ba ya dariya. Ashe Anderson, tauraron kaboyi na farkon nasu, tausayi ya sayar. Shi ne ya fito a ɗan fashin, kuma ba siririn jarumi ba ne, ƙaton mutum ne mai nauyin jiki, amma yadda ya tallafo kan yarinyar nan da tafin hannu, wallahi sai da zauren ya yi tsit.

A nan ne raina ya koma kan finafinanmu na Kannywood. Da mu ne, sai an zauna a falo, Alhaji ya yi nasiha, Hajiya ta yi kuka, sannan ɗan fashin ya tsaya ya bayyana mana cewa zuciyarsa ta karaya. Na san baki ne jarinmu, kuma ba na so a raba mu da karin magana da habaici, don a nan Turawa ba su kama ƙafarmu ba. Amma kunya da kara ai ba a furta su. Uwar da ba ta kiran sunan ɗan fari, da ido take nuna so. Wannan kyamara za ta iya ɗauka, mu ne ba ma bari.

Matar da ke kusa da ni, tsohuwa tukuf, ta tambaye ni ko na gane fim ɗin. Na ce mata ko kakata a Bichi za ta gane shi.