Ranar da tattalin ruwa ya bar ni da kumfa

Kun dai san tun da aka haɗa mana shawa a banɗaki tankin gidanmu ya daina kwana da ruwa. Lita 1,000 yake ci, amma kafin la'asar ya ƙafe. Sai na zauna na buga lissafi. Kan shawa na gama-gari yana zubar da wajen lita 9 a minti ɗaya, a Amurka ma dokar da aka kafa a 1992 ta hana ya wuce lita 9 da rabi. Wankan minti goma ya kusa lashe jarka huɗu ta 'yan garuwa ke nan. Na tara mutanen gida na kafa doka: ka jiƙa jikinka, ka rufe famfo, ka saɓa sabulu ka cuɗa, sannan ka buɗe ka ɗauraye, yadda sojojin ruwa suke yi a cikin jirgi. Har labarin Cape Town na ba su, yadda a 2018 fari ya sa aka yanka wa kowa lita 50 a rana, wanka kuma kada ya wuce minti biyu. Uwargida ta ce to. Ƙaninta, wanda ba sai na faɗi sunansa ba, ya ce "Allah ya ƙara ilimi, Yaya," idonsa na kan waya.

Ranar Asabar Hajiya surukata ta zo mana wuni. Uwargida ta leƙa maƙwabta barka, Hajiya kuma aka shimfiɗa mata tabarma a tsakar gida, daidai saitin ƙofar banɗaki. Na sunkuyar da kai na wuce da tawul.

Na bi dokata tiryan-tiryan. Na jiƙa, na rufe, na saɓa sabulu tun daga tsakar ka har tafin ƙafa, ban bar ko bayan kunne ba. Ido a rufe na laluba na murɗa famfo. Sai ya ce fuuu. Na sake murɗawa. Ya yi tari sau biyu, ya ɗigo min ɗigo ɗaya a goshi, ya yi shiru. Na bubbuga bututun, har lallashinsa na yi a zuci. Wuta kuwa an ɗauke tun safe, balle a tayar da inji a turo ruwa sama. Na laluba bokitin da nake sawa a ƙarƙashin shawa don tare ruwan da ke zuba, ashe an kwashe an ba zogale. Ni na ce a riƙa ba zogalen.

A daidai lokacin na jiyo muryar ƙanin uwargida daga ƙofar gida, inda yake wanke babur ɗinsa: "Kai! Ruwa ya ƙare, ban wanke tayar baya ba!"

Bari in tsaya a kan yaron nan. Da sunan 'yan kwanaki ya zo, yanzu har ya san wajen da ake ɓoye suga. Idan ya shiga wanka sai ya yi minti ashirin ruwa na kwarara, yana rera waƙa, lita 180 ke nan, sama da jarka bakwai a kan mutumin da ko nauyin buhun masara bai yi ba. Babur ɗin kuma kullum sai an yi masa wanka da tiyo, alhali layinmu ko kwalta babu, kafin ya kai bakin titi ya koma ja. Cajata tana wajensa tun ƙaramar salla. In na yi magana, uwargida ta ce ai abokin wasanka ne. Wasan da ni kaɗai nake biyan kuɗinsa.

To ga ni tsaye, sabulu ya fara shiga ido, iskar hunturu na shigowa ta taga tana busar da kumfar a jikina, ƙaiƙayi ta ko'ina. Wa zan kira? Da wane bakin zan ɗaga murya daga banɗaki surukata na zaune? Sai na yi gyaran murya. Shiru. Na yi tari. Hajiya ta ce, "Sannu." Na ƙara wani mai ƙarfi. Ta ce, "Allah ya sawwaƙe, a riƙa shan citta da zuma."

Can Allah ya kawo autarmu bakin ƙofa. Na kara baki a jikin ƙyauren na raɗa mata ta samo min ruwa a randa, kada ta gaya wa kowa. Yarinyar nan ta juya ta buɗe maƙogwaro: "Hajiya! Abba ya ce ruwa ya ƙare masa, duk jikinsa sabulu, wai kada in gaya miki!"

Da ƙasa za ta tsage da na shige. Randar ma ashe babu komai. Hajiya ta ɗan yi jim, sannan ta ce, "Ungo butata, ajiye masa a bakin ƙofa." Butar da ta cika don alwalar azahar. Na zuro hannu fari fat da kumfa na ja ta ciki. Da ita na wanke ido, da kai, da abin da ya samu, ina tsiyayawa kamar mai zuba turare.

Na fito na durƙusa daga nesa na yi godiya, kumfa na ƙyas-ƙyas a kunnena. Ba ta dube ni ba. Jikarta ta fuskanta, ta ce Manzon Allah (SAW) da sa'i ɗaya yake wanka, mudu huɗu ke nan, alwala kuma da mudu ɗaya, amma mutanen yanzu sai an zubo musu ruwa daga sama suna tsaye har tanki ya ƙare. Ni fa ake nufi. Ni da na kawo dokar! Gogan naku kuwa yana jingine da bango, tiyo a hannu, yana gyaɗa kai: "Wallahi gaskiya ne Hajiya, ana ɓarnar ruwa a gidan nan."

Uwargida da ta dawo aka ba ta labari, dariya har da riƙe ciki, kuma na san ta kai wa 'yan gidansu. Na kira mai gyaran famfo ya zo ya sa wa famfon waje kwaɗo, ya ce yana nan tafe. Da yamma yaron ya same ni wai in ba shi kuɗin jarka ɗaya ya ƙarasa tayar baya.